Daga dutsen Dala zuwa ganuwa: Tarihin mafakar Kanawan dauri da rawar da Gaya ta taka

Shekaru aru-aru kafin a aza tubalin farko na ganuwar Kano, duwatsu ne mafakar mutanen wannan ƙasa, a duk lokacin da abokan gaba suka kawo musu farmaki.

Mafi shahara a cikin waɗannan duwatsu shi ne Dala, wanda a yau gidaje suka kewaye shi ta ko'ina a tsakiyar tsohon birnin Kano. To amma a bisa tarihin baka, labarin Dala ya faro ne daga wani gari da ke fiye da kilomita 60 gabas da birnin, bayan an haye kogin Wudil, wato garin Gaya.

Maƙeran Gaya

Ruwayar da aka fi sani dai tana cewa wasu maƙera ne suka taso daga Gaya suna neman tama, wato dutsen da ake narkawa a fitar da baƙin ƙarfe. Da suka iso gindin Dala suka tarar da ita jibge, sai suka yada zango a nan. Wasu masu ruwayar ma sun ce sunan shugaban tafiyar Kano, kuma daga gare shi birnin ya samo sunansa.

Waɗannan mutane su ake kira Abagayawa, kuma akwai gidajen maƙera a cikin birnin da ke danganta asalinsu da su.

Masana tarihi kan yi taka-tsantsan da irin wannan ruwaya, domin baki ne ya riƙa miƙa wa baki tsawon zamunna. Sai dai kuma akwai abin da binciken ƙasa ya ƙarfafa a cikinta. Masu haƙar kayan tarihi sun gano ragowar matoyar narka tama a gindin Dala, wadda gwajin kimiyya ya nuna cewa an yi aiki da ita tun wajen ƙarni na 7 miladiyya.

Wannan na nufin ana ƙira a Dala kimanin shekaru 300 ko fiye kafin zuwan Bagauda, wanda ake lissafa farkon sarautarsa daga shekarar 999.

A wancan zamani, ƙarfe shi ne ginshiƙin rayuwa. Da shi ake ƙera fartanya da gatari domin noma da saran daji, da shi kuma ake ƙera mashi da kan kibiya. Duk al'ummar da ta mallaki tama da gawayi da gwanayen maƙera, to ta mallaki abinci da makami a lokaci guda, kuma dole ta jawo hankalin maƙwabta, masu zuwa ciniki da masu zuwa ƙwace.

Me ya sa dutse?

Ƙasar Kano shimfiɗaɗɗiya ce, sai 'yan duwatsu jefi-jefi irin su Dala, da Goron Dutse, da Magwan, da Fanisau. Tsawon Dala daga doron teku bai wuce kimanin mita 530 ba, don haka ba za a sa shi a sahun manyan tsaunuka ba. Amma a fili irin wannan, ko ɗan tudu ma gata ne.

Wanda ke kan dutse yakan hango ƙurar mahara tun suna nesa. Mai hawa kuma tilas ya rage sauri, ya bi 'yan hanyoyi ƙalilan, yayin da na sama ke jiransa da kibiya da jifa. Ga shi kuma doki ba ya sakewa a kan duwatsu.

Littafin nan na tarihin sarakunan Kano, wanda aka rubuta da Larabci, H. R. Palmer ya fassara shi zuwa Turanci a shekarar 1908, ya buɗe ne da labarin wani mutum mai suna Dala, wanda ya gina gidansa a kan dutsen, da kuma wani daga cikin zuriyarsa mai suna Barbushe.

A cewar littafin, Barbushe shi ne babban mai kula da gunkin Tsumburbura, wanda ke jikin wata bishiya da aka kewaye da katanga, ba mai shiga sai shi kaɗai. A kan dutsen yake zaune, ba ya saukowa sai kwana biyu a shekara, lokacin da jama'a ke taruwa daga ƙauyukan kewaye.

Abin lura a nan shi ne jerin manyan mutanen da littafin ya ce suna ƙarƙashin Barbushe. A cikinsu akwai maƙeri, da mai haƙo tama ya narka, da mai magani, da maharbi, da mai gadin gari da dare. Ke nan a Dala abubuwa uku ne suka haɗu: wurin bauta, da masana'antar ƙarfe, da kuma wurin tsaro.

Santolo, dutsen da ya gagari sarakuna

Ba Dala kaɗai ba ne cibiyar jama'a a wancan lokaci. Kudu maso gabashin birnin, a yankin Dawakin Kudu na yanzu, akwai duwatsun Santolo da Fangwai. Masanin tarihi Murray Last ya yi nazari a kan kufan da ke wannan yanki, inda ya nuna cewa mazauni ne mai girma da ya yi gogayya da Dala.

Littafin tarihin sarakunan ma ya tabbatar da wannan gogayya. Ya ce a zamanin Sarki Gijimasu, wanda ya yi mulki daga 1095 zuwa 1134, ikon Kano ya faɗaɗa sosai, amma Santolo ta ƙi miƙa wuya, saboda yawan mutanenta.

Bayan haka Sarki Naguji, wanda ya hau mulki a 1194, ya kafa sansani har tsawon shekara biyu da niyyar cin Santolo, amma ya koma gida ba tare da nasara ba.

Sai a zamanin Sarki Yaji, tsakanin 1349 da 1385, sannan dutsen ya faɗi. Littafin ya danganta wannan nasara da zuwan Wangarawa daga Mali, su kimanin 40, a ƙarƙashin jagorancin Malam Abdurrahman Zaite, waɗanda ya ce su ne suka kawo wa fadar Kano addinin Musulunci.

An ruwaito cewa Yaji ya nemi malaman su taya shi da addu'a, domin yana ganin Santolo ita ce mabuɗin ƙasashen kudu. Bayan cin garin an rusa wurin tsafinsa, an kashe maza da dama, kuma daga nan Santolo ba ta sake farfaɗowa ba.

Akwai saɓani game da lokacin zuwan Wangarawan. Wani rubutu na daban da aka yi a Kano a tsakiyar ƙarni na 17 a kan asalinsu ya sanya isowar Zaite a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wato fiye da shekaru 100 bayan Yaji. Ko ma dai wanne ne daidai, sakamakon ɗaya ne: cibiyar iko guda ta rage a ƙasar, ita ce wadda ke gindin Dala.

Daga dutse zuwa ganuwa

Tambayar da ke tasowa ita ce, me ya sa Dala ta rinjayi Santolo, alhali dukkansu duwatsu ne?

Wani ɓangare na amsar yana cikin matakin da Gijimasu ya ɗauka. Shi ne littafin ya ce ya fara gina ganuwar birnin, ɗansa Tsaraki kuma ya kammala ta a ƙarni na 12.

Dutse yana ba da kariya, amma ba ya ciyarwa. Idan abokan gaba suka yi masa ƙawanya, na sama ba su da gona, ruwansu kaɗan ne, kuma dabbobinsu na ƙasa. Ganuwa kuwa ta rungumo dutsen tare da filin da ke kewaye da shi. A cikinta akwai gonaki, da rijiyoyi, da kududdufai, da fadamar Jakara. Idan yaƙi ya taso, mutanen ƙauye kan shigo da iyalansu da hatsinsu da bisashensu, a rufe ƙofofi.

Da jar ƙasa aka yi aikin. Ana cura tubali da hannu, a shanya shi a rana, a jera, a yaɓe. Ramin da aka haƙo ƙasar daga waje shi ke zama gwalalo, a kan kuma bar sarƙaƙiya ta cika shi domin hana doki da mai tafiya a ƙasa kusantowa. Daga ciki akwai badala, inda maharba ke tsayawa. Kowace ƙofa tana da sarkinta, mai rufewa da magariba ya buɗe da asuba.

Ginin ƙasa ba ya jure damina ba tare da gyara ba, saboda haka yaɓen ganuwa ya zama aikin gayya da ake kiran jama'a su fito su yi. Wannan ma wata alama ce ta ƙarfin sarki, domin wanda ba ya iya tara dubban hannaye ba zai iya riƙe ganuwa ba.

Salon yaƙi shi ma ya sauya. An ce Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410, shi ya fara shigo da lifidi da sulke da kwalkwali. Rundunar dawaki tana bukatar fili, da ciyawa, da kasuwar da za ta samar da kuɗin sayen doki, abubuwan da ba a samu a kan dutse.

Muhammadu Rumfa, daga 1463 zuwa 1499, ya faɗaɗa ganuwar, ya gina fadar da ake kira Gidan Rumfa, ya kafa kasuwar Kurmi. An sake faɗaɗa ta a zamanin Muhammadu Nazaki a farkon ƙarni na 17.

Lokacin da Baturen Birtaniya Hugh Clapperton ya shiga Kano a 1824, ya ƙiyasta kewayen ganuwar da mil 15, tsayinta ƙafa 30, da ƙofofi 15, ya kuma lura cewa babban ɓangare na cikinta gonaki ne. A 1851 Bajamushe Heinrich Barth ya hau Dala, daga nan ya zana hoton birnin.

Duk da haka ganuwar ba ta hana kowace masifa ba. A zamanin Sarki Dadi, cikin rabin ƙarshe na ƙarni na 17, mayaƙan Kwararrafa sun kutsa birnin ta Ƙofar Gadon Ƙaya, suka yi ɓarna mai yawa, har sai da sarkin ya fice zuwa Daura.

Gaya, mai tsaron gabas

A tsawon wannan lokaci Gaya ba ta ɓace daga labarin ba. Ta zama ɗaya daga cikin manyan garuruwa masu ganuwa da ke kewaye da birnin, irin su Rano, da Ƙaraye, da Dutse, waɗanda kowannensu ke tsare wata kusurwa. Kusurwar Gaya ita ce gabas, ɓangaren da ke fuskantar Borno, daular da ta fi kowace ƙarfi a yankin tsawon ƙarnoni.

Littafin tarihin ya ambaci sarautar Gaya a zamanin Sarki Yakubu, tsakanin 1452 da 1463. Ya ce wani mai suna Agalfati, ɗan Sarkin Machina, ya zo Kano aka ba shi Gaya, ɗaya daga cikin 'yan'uwansa kuma aka ba shi Haɗejia. Machina dai tana cikin jihar Yobe a yau.

Garin da ke da ganuwarsa da dawakinsa yana iya zama garkuwa ga birni, yana kuma iya zama ƙaya. A zamanin Dadi, Sarkin Gaya Farin Dutse ya yi tawaye, ya shekara uku bai aika wa Kano haraji ba. Ba da yaƙi aka ci shi ba. An yaudare shi ne ya zo ganawa da sarki, aka kashe shi.

Abin mamaki shi ne, 'yarsa Mariyama ita ce mahaifiyar Muhammadu Sharefa, wanda ya gaji Dadi a 1703 ya yi mulki har 1731. Littafin ya ce a zamanin Sharefa mutanen Gaya sun sami faɗa a ji ƙwarai a fadar Kano. Jikan ɗan tawayen ne ya zauna a Gidan Rumfa.

Dawowar dutse a Ningi

A ƙarni na 19, bayan jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, dutse ya sake nuna amfaninsa, amma a wannan karo a hannun abokan hamayyar Kano.

A shekarun 1840 wani malami mai suna Hamza ya bar garin Tsakuwa tare da mabiyansa, sakamakon saɓani da hukuma a kan haraji. Sun fake a duwatsun Ningi, cikin jihar Bauchi ta yanzu, suka haɗa kai da ƙabilun wurin irin su Butawa da Warjawa.

Daga waɗannan duwatsu magadansa suka shafe shekaru gommai suna kai hari kudanci da kudu maso gabashin ƙasar Kano, su kwashi mutane da dabbobi su koma inda dawakin Kano ba sa iya binsu. Sarki Abdullahi Maje Karofi, wanda ya hau gado a 1855, ya ɓatar da lokaci mai tsawo a garin Takai yana ƙarfafa tsaron wannan iyaka. Kano ba ta taɓa murƙushe Ningi baki ɗaya ba har zuwan Turawa.

Ranar 3 ga watan Fabrairun 1903 ne dakarun Ingila ƙarƙashin Kanar Morland suka iso Kano, a lokacin da Sarki Alu yake Sakkwato. Manyan bindigoginsu ba su iya huda kaurin ganuwar ba, sai da suka karya ɗaya daga cikin ƙofofin yammacin birnin sannan suka shiga. Daga ranar aikin ganuwa na tsaro ya ƙare, aikin gayyar gyaran ta ma ya fara mutuwa.

Misali daga Koriya

Fakewa a kan dutse ba dabarar Hausawa kaɗai ba ce. A zirin Koriya, wanda galibinsa tsaunuka ne, sarakuna sun shafe fiye da shekaru dubu suna gina katangun dutse a kan tuddai, inda jama'a ke gudu idan an kawo hari.

Mafi shahara ita ce Namhansanseong, kimanin kilomita 25 kudu maso gabashin birnin Seoul. Ana danganta asalinta da wata katanga da daular Silla ta gina a ƙarni na 7, wato daidai zamanin da ake narka tama a Dala. An sake gina ta daga shekarar 1624, tsawon katangarta ya kai kimanin kilomita 12.

A ƙarshen 1636 dakarun Manchu suka mamaye ƙasar, Sarki Injo ya fake a cikinta. Maharan ba su iya hawa sun ci ta ba, amma bayan kwana 47 abinci ya ƙare, ga tsananin sanyi, dole sarkin ya sauko ya miƙa wuya a farkon 1637. Wannan ita ce matsalar da ganuwar Kano ta yi wa magani ta hanyar shigar da gonaki cikinta.

A kudancin Koriya ma an yi wata tarayyar masarautu mai suna Gaya, wadda ta shahara da ƙirar baƙin ƙarfe, kafin Silla ta haɗiye ta a shekarar 562. Babu wata alaƙa tsakaninta da Gayar Kano, dacen suna ne kawai.

Inda bambanci yake shi ne wajen adanawa. Hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sanya Namhansanseong cikin jerin wuraren tarihi na duniya a 2014, sannan ta sanya kaburburan sarakunan Gayar Koriya a 2023. A Najeriya, ƙauyen Sukur na kan tsaunin Mandara a jihar Adamawa, wanda shi ma ya yi suna wajen narka tama, ya shiga jerin tun 1999.

Abin da ya rage

A shekarar 2007 Najeriya ta gabatar da ganuwar Kano, tare da dutsen Dala da kasuwar Kurmi da Gidan Rumfa, a jerin share fage na UNESCO, matakin farko kafin a amince da wuri.

To sai dai sharaɗin amincewa shi ne a tarar da abin da ake son karewa yana nan. A wurare da dama ganuwar ta zama tudun ƙasa, a wasu an gina gidaje da shaguna a kanta, a wasu kuma an kwashe ƙasar an yi gini da ita. An rushe wasu tsofaffin ƙofofi domin faɗaɗa hanya, kamar Ƙofar Na'isa a 2010, aka sake gina su da siminti. Shi kansa Dala yana fama da zaizaya da shara da gine-ginen da suka matse gindinsa.

Idan haka lamarin yake a birni, inda idon hukuma da na baƙi yake, to na garuruwan karkara ya fi tsanani. Kufai irin na Santolo ba su da shinge, kuma garma da masu fasa dutse da masu ɗibar ƙasa ba sa bambance tsohuwar matoya da sauran ƙasa. Kowace matoya da ta rushe, wata shaida ce da ba za a sake samun damar auna shekarunta ba.

Batun ya shafi Gaya kai tsaye. A 2019 gwamnatin jihar Kano ta ɗaga darajar masarautar zuwa ta sarki mai daraja ta ɗaya, a 2024 aka soke dokar, sannan a cikin shekarar aka sake kafa ta a matsayin masarauta mai daraja ta biyu, da ta ƙunshi ƙananan hukumomin Gaya, da Ajingi, da Albasu. A duk muhawarar da aka tafka, daɗewar Gaya a tarihi na cikin manyan hujjojin da aka riƙa kafawa.

Amma hujjar da ta fi ƙarfi ba a bakin 'yan siyasa take ba. Tana cikin ƙasa, a kufan maƙera da ragowar ganuwa, da kuma a ƙirjin dattawan da suka gaji ruwayar Abagayawa. Haƙar kimiyya a yankin Gaya da Ajingi ce kaɗai za ta iya nuna ko ƙira a can ta girmi ta Dala, kamar yadda ruwayar ke nunawa, kuma irin wannan bincike yana yiwuwa ne muddin wuraren suna nan ba a share su ba.